Shari'ar Mai Fasa Gida a Akwatin Talabijin: Tarihin Shirin Crown Court da Darasin da Ke Cikinsa

A fitowar bana mun ga ya dace filin tarihi ya leƙa ƙasar Ingila, domin masu iya magana sun ce tafiya mabuɗin ilmi. Abin da za mu duba shi ne wani tsohon wasan kwaikwayo na talabijin mai suna Crown Court, wato Kotun Sarauta, wanda aka nuna daga shekarar 1972 zuwa 1984. Za mu ga yadda aka ƙirƙiro shi, da yadda shari'ar mai fasa gida take gudana a cikinsa, da dalilin da ya sa muke ganin labarinsa ya shafe mu. Shirin ya shafe shekara 12 yana koya wa talakawan ƙasar abu guda, cewa tsakanin zargin mutum da sata da tabbatar da ita a kansa akwai tafiya mai nisa, kuma duk wanda ya yanke hanya a wannan tafiya yana iya ɗaukar alhakin bawan Allah.

Yadda Shirin Ya Samo Asali

Abubuwa biyu ne suka haɗu a shekarar 1972 suka haifi wannan shiri. Na farko, a ranar 1 ga Janairu na wannan shekara aka buɗe sabuwar kotu mai suna Crown Court a duk faɗin Ingila da Wales, bisa wata doka da majalisa ta zartar a 1971. Ita ce ta maye gurbin tsoffin kotunan rangadi, waɗanda manyan alƙalai suke tasowa daga Landan suna zagayawa gari gari don yin shari'a, tsarin da tushensa ke komawa zamanin Sarki Henry na II a ƙarni na 12. Shari'o'i sun yi wa tsohon tsarin yawa, mutum yakan daɗe a tsare yana jiran ranar da alƙali zai iso garinsu. Sabuwar kotu ita ce aka ɗora wa sauraron manyan laifuffuka irin su kisan kai, da fashi, da fyaɗe, da manyan shari'o'in fasa gida.

Na biyu, a wannan shekarar ce gwamnati ta ɗage dokar da ta taƙaita yawan sa'o'in da gidajen talabijin za su yi suna watsa shirye-shirye. Nan da nan tashar ITV, wadda ke rayuwa da kuɗin talla, ta shiga neman abin da za ta cike tsakar rana da shi. Kamfanin Granada da ke birnin Manchester, wanda ya fara watsa shirye-shirye a 1956, ya kawo shawarar wasan kotu. Da ma ba baƙo ba ne a wannan fage, domin tun daga 1958 ya taɓa yin wani shiri na shari'a mai suna The Verdict Is Yours. A watan Oktoba na 1972 aka fara nuna Crown Court.

Akwai kuma wani dalili da ya sa jama'a suka karɓe shi hannu bibbiyu. Tun 1925 doka ta hana ɗaukar hoto a cikin kotunan Ingila, har zane da fensir ma ba a yarda a yi a zauren shari'a ba. Saboda haka mafi yawan mutanen ƙasar ba su taɓa ganin yadda ake shari'a ba sai abin da suka karanta a jarida. Wannan shiri shi ne tagar da suka samu suka leƙa.

Tsarin Shirin

An ƙirƙiri wani gari da babu shi a taswira, aka sa masa suna Fulchester, aka ce a kotunsa ake zama. Kowace shari'a ana raba ta kashi 3, kowane kashi kimanin minti 25, a nuna su kwana uku a jere da rana. Bisa al'ada, kashi na farko na masu gabatar da ƙara ne, na biyu na masu kare wanda ake tuhuma, na uku kuwa a ƙarasa shaidu, lauyoyi su yi jawabin rufewa, alƙali ya taƙaita, a yanke hukunci. Kafin shirin ya ƙare an nuna shari'o'i kusan 300, a cikin kashi fiye da 870.

Na'urar ɗaukar hoto ba ta cika fita daga zauren kotu ba. Ba a nuna ɓarawo yana haura katanga, ba a nuna 'yan sanda suna bin sawu. A farkon kowace shari'a sai a ji muryar mai ba da labari yana bayyana abin da ya kawo mutanen gaban alƙali, ana nuna 'yan hotuna marasa motsi. Daga nan mai kallo ba shi da wata hanya ta sanin abin da ya faru sai abin da ya fito daga bakin shaidu. Wato an zaunar da shi a matsayin mai yanke hukunci, wanda ba ya wurin lokacin da abin ya auku.

Babban abin da ya bambanta shirin da sauran shi ne sha'anin mutum 12 masu taya alƙali hukunci. A tsarin Ingila, alƙali shi ne mai fassara doka da yanke horo, amma tabbatar da cewa mutum ya aikata laifi ko bai aikata ba aikin waɗannan mutum 12 ne, waɗanda ake ɗebowa daga cikin jama'ar gari. A cikin shirin, alƙali da lauyoyi da shaidu da wanda ake tuhuma duk 'yan wasa ne, sun haddace abin da aka rubuta musu. Amma masu taya alƙali mutanen gari ne na gaske daga yankin da Granada ke watsa shirye-shiryenta. Ɗaya ne kawai ɗan wasa a cikinsu, wato shugabansu, saboda ƙa'idar ƙungiyar 'yan wasan kwaikwayo ta ce duk wanda zai yi magana a cikin shiri dole ya zama ɗanta. Su saurari shaida, su keɓe su tattauna, su fito da hukuncin da suka ga ya dace. Don haka akan rubuta ƙarshen wasa iri biyu, 'yan wasa su gwada duka biyun, domin marubucin kansa bai san wanda za a buƙata ba. Hausawa sun ce shari'a mace ce mai ciki, ba a san abin da za ta haifa ba, kuma a wannan shiri maganar ta tabbata.

Idan muka kwatanta shi da Perry Mason na ƙasar Amurka, wanda aka nuna daga 1957 zuwa 1966, sai bambancin ya fito fili. A can, kusan kullum lauya Mason yakan titsiye mai laifin gaskiya har ya amsa da bakinsa a gaban kowa, mai kallo ya tashi hankalinsa kwance. A Fulchester kuwa sau da yawa akan kammala shari'a mai kallo bai san haƙiƙanin abin da ya faru ba. Abin da ya sani kawai shi ne ko shaidar ta isa ko ba ta isa ba. Haka shari'ar gaskiya take.

Dokar Fasa Gida a Wancan Zamani

Domin mu fahimci shari'ar fasa gida a cikin shirin, ya kamata mu san dokar da ake aiki da ita. A da can, fasa gida da dare laifi ne da ke kai mutum ga igiyar rataya a Ingila, sai a ƙarni na 19 aka janye wannan horo. Dokar 1916 ta ci gaba da bambanta dare da rana, inda ta ƙayyade dare daga ƙarfe 9 zuwa ƙarfe 6 na safe, kuma ta buƙaci a nuna cewa an fasa ko an buɗe wani abu. Wannan ya sa lauyoyi suka riƙa ɓata lokaci a kan ko taga a rufe take ko a buɗe, ko ƙarfe nawa agogo ya buga.

Dokar Sata ta 1968, wadda ta fara aiki a farkon 1969, ta share waɗannan rikice-rikice. Sashe na 9 ya ce mutum ya aikata laifin fasa gida idan ya shiga gini ba da izini ba da niyyar sata, ko yi wa wani mummunan rauni, ko lalata dukiya, ko kuma bayan ya shiga ya yi satar ko ya yi yunƙurinta. Horon zai iya kai shekara 14 a kurkuku. Idan yana ɗauke da makami, sashe na 10 ya ba da damar ɗaurin rai da rai. Mai sayen kayan sata, wanda mu muke kira ɓarawon zaune, shi ma an tanadar masa har shekara 14, fiye da na sata zalla wadda a lokacin iyakarta shekara 10. Masu dokar sun fahimci cewa in babu mai saye, ɓarawo ba shi da inda zai kai kaya.

Yadda Shari'ar Take Gudana

Bari mu bi shari'ar fasa gida daki-daki kamar yadda dokar ƙasar da tsarin shirin suka shimfiɗa ta. A wancan zamani ana shigar da ƙara da sunan Sarauniya. Magatakarda ya karanta tuhuma, wanda ake tuhuma ya ce bai aikata ba. Lauyan gwamnati ya tashi da baƙar rigarsa da farar hular gashi ya bayyana abin da yake son tabbatarwa. Nauyin da ke kansa guda uku ne: an shiga ginin ba da izini ba, wannan mutumin ne ya shiga, kuma da mummunar niyya ya shiga. In ɗaya ya faɗi, ƙarar ta faɗi.

Mai gida shi ne yakan fara hawa akwatin shaida, ya yi rantsuwa, ya faɗi yadda ya bar gidansa da yadda ya tarar da shi, ya lissafa abin da ya ɓace. Sai maƙwabci da ya ce ya ga wani yana fita. Sai ɗan sanda da ya yi kamu, yana duba ɗan littafin da ya rubuta bayani a ciki. Wani lokaci a kira masanin zanen yatsa. Wannan ilmi yana da tsohuwar alaƙa da fasa gida, domin mutum na farko da aka ɗaure a Ingila da shaidar zanen yatsa mai fasa gida ne, Harry Jackson, wanda ya saci ƙwallayen wasan biliyad a wani gida a kudancin Landan a 1902, ya bar sawun babban yatsansa a kan sabon fentin taga. An yanke masa shekara 7.

Bayan kowane shaida ya gama, lauyan wanda ake tuhuma yana da damar yi masa tambayoyi, kuma a nan ne armashin shirin yake. Tsakaninka da mutumin taku nawa ne? Akwai fitila a titin? Daƙiƙa nawa ka gan shi? Fuskarsa ka gani ko ƙeyarsa? Ka taɓa saninsa? Mai kallo da ya tabbata a ransa jiya cewa an kama ɓarawo, yau sai ya ga shaidar tana zubewa kamar ginin toka, ba don maƙwabcin maƙaryaci ba ne, sai don ido yana kuskure kuma zuciya tana cike giɓin abin da ido bai gani ba.

Wannan batu ba ƙagaggen labari ba ne, domin a daidai shekarun da ake nuna shirin ƙasar tana fama da shi. A 1972 an zargi wani mutum mai suna Luke Dougherty da satar labule a wani kanti a garin Sunderland, shaidu biyu suka nuna shi, aka ɗaure shi, alhali a wannan lokacin yana cikin motar safa tare da mutane da yawa sun tafi yawon shan iska bakin teku. Sai a 1974 aka soke hukuncin. Wannan da wata shari'a makamanciyarta suka sa aka kafa kwamiti a ƙarƙashin Lord Devlin, wanda ya ba da rahoto a 1976. A wannan shekarar kotun ɗaukaka ƙara, a shari'ar da ake kira ta Turnbull, ta wajabta wa alƙalai su gargaɗi masu taya su cewa shaida mai gaskiya yana iya yin kuskure wajen gane fuska, kuma shaidu da yawa suna iya yin kuskure iri ɗaya.

Haka nan batun amsa laifi a ofishin 'yan sanda. A lokacin ba a naɗar muryar wanda ake tuhuma, sai abin da ɗan sanda ya rubuta, saboda haka gardama a kan ko ya faɗa ko bai faɗa ba ta zama ruwan dare a kotu. Bayan da aka soke hukuncin wasu samari uku a 1975, waɗanda aka ɗaure a shari'ar kisan Maxwell Confait bisa amsa laifin da daga baya ta bayyana ba gaskiya ba ce, aka kafa hukumar bincike, har aka kai ga dokar 1984 wadda ta tsara yadda ake tsare mutum da yi masa tambayoyi, ta kuma buɗe hanyar naɗar murya.

Daga nan sai ɓangaren kariya. Wanda ake tuhuma yana iya hawa akwatin shaida ko ya yi shiru. Idan zai ce yana wani wuri lokacin da aka yi satar, dokar 1967 ta ce ya sanar tun da wuri domin a bincika. Abin da zai ba mai karatu mamaki shi ne, a ƙa'idar wancan zamani ba a gaya wa masu taya alƙali cewa an taɓa ɗaure mutumin, sai a wasu yanayi ƙalilan. Hikimar ita ce satar bara ba ta tabbatar da satar bana. Sau da yawa sai bayan an same shi da laifi ake karanto tarihinsa domin alƙali ya san horon da ya dace. An sassauta wannan ƙa'ida da wata doka ta 2003.

A ƙarshe alƙali ya juya ga mutum 12 ya tuna musu cewa nauyin kawo hujja yana kan mai ƙara, wanda ake tuhuma ba a ɗora masa tabbatar da tsarkinsa ba, kuma in akwai shakka mai ma'ana a zukatansu to su sallame shi. Ana son bakinsu ya zo ɗaya, amma tun 1967 doka ta yarda a karɓi ra'ayin mutum 10 cikin 12 idan sun daɗe ba su daidaita ba.

Talaka a Kujerar Hukunci

Akwai wani sauyi da ya faru shirin yana tsakiyar tashensa. Kafin 1974, sai mai gida ko mai dukiya da ta kai wani ƙima ake kira ya taya alƙali, abin da ya sa mafi yawansu maza ne magidanta masu rufin asiri. Daga 1974 aka mayar da abin kan rajistar masu zaɓe, daga ɗan shekara 18 zuwa 65. Matan aure da 'yan fansho da ma'aikatan masana'antu masu aikin dare, waɗanda su ne ke gida da rana suna kallon shirin, sai ga shi kowane lokaci takardar sammaci tana iya zuwa musu daga kotun gaske. Shirin ya zame musu makaranta, kuma duk wanda ya taɓa riƙe alli ya san darasin da aka nuna ya fi wanda aka faɗa zama a ƙwaƙwalwa.

Shirin ya kuma zama matattarar 'yan wasa. John Barron da William Mervyn sun yi suna a matsayin alƙalai, Richard Wilson a matsayin lauya, kuma Ben Kingsley da Colin Firth, waɗanda daga baya kowannensu ya ci kyautar Oscar, sun fito a cikinsa tun ba a san su ba. An rufe shi a watan Maris na 1984. Sai a watan Yuli na 2022 aka fara barin na'urar talabijin ta shiga kotun gaske ta Crown Court, shi ma jawabin alƙali na yanke horo kawai ake ɗauka. A 2025 kuwa wani tsohon babban alƙali, Sir Brian Leveson, ya ba gwamnati shawarar a riƙa yin wasu shari'o'i ba tare da mutum 12 ba saboda cunkoson ƙararraki, shawarar da ta tayar da muhawara mai zafi a ƙasar.

Inda Labarin Ya Shafe Mu

Mu ma ba a bar mu a baya ba a wannan fage. Manya daga cikinmu za su tuna Kuliya Manta Sabo na gidan talabijin na Kano, inda Alhaji Daudu Galadanci ya riƙa fitowa a matsayin alƙali har sunan Kuliya ya bi shi. Tsarin ya bambanta, domin a kotun alƙali babu mutum 12, amma sunan shirin kaɗai darasi ne: gaban shari'a ba sani ba sabo. Ƙa'idar ma ba baƙuwa ba ce a wurinmu. Tun kafin zuwan Turawa malamanmu suna karantar da cewa kawo hujja yana kan mai da'awa, kuma ana kawar da haddi idan akwai shubuha. A babin sata sun shardanta cewa kayan su kai nisabi, kuma a ɗauke su daga ma'ajiyarsu. Dokar Penal Code ta Arewa da ta fara aiki a 1960 ta tanadi horon fasa gida, kuma sashe na 36 na Tsarin Mulkin 1999 ya ce duk wanda ake tuhuma ba shi da laifi har sai an tabbatar.

Amma me muke gani a titunanmu? Da zarar an yi ihun ɓarawo, sai duwatsu da gorori, wani lokaci taya da fetur. A watan Oktoba na 2012 aka kashe ɗalibai 4 na Jami'ar Fatakwal a garin Aluu bisa zargin sata, ba tare da an tabbatar da komai a kansu ba, kuma a 2017 kotu ta yanke wa mutum 3 hukuncin kisa saboda wannan aika-aika. A watan Maris na 2025 aka kashe matafiya 16, mafarauta masu komawa Kano, a garin Uromi na Jihar Edo bisa zargi kawai. Wanda ya yi kuka da abin da ya faru a Uromi bai kamata ya ɗauki dutse a kasuwar garinsu ba.

Mun san zafin sata. Wanda aka haura masa gida aka kwashe abin da ya tara shekara da shekaru ba ya son jin dogon turanci, kuma jinkirin kotu da sakin ɓarayi ba bisa ƙa'ida ba su ne ke tunzura jama'a. Sai dai idan alƙali mai ilmi, da lauyoyi biyu, da mutum 12 da suka zauna suka saurara a natse sun iya ɗaure Luke Dougherty bisa kuskure, ina ga taron da ya fusata cikin duhu?

Saboda haka muna ba ƙungiya shawara uku. Na ɗaya, a zauna da 'yan sintirin unguwanninmu, waɗanda muke yaba wa ƙoƙarinsu, a yi musu ƙa'ida a rubuce cewa aikinsu kamawa ne da miƙawa ga hukuma, ban da duka da tilasta amsa laifi. Na biyu, lauyoyi da alƙalai 'yan asalin garin nan su riƙa ba da rana guda a shekara suna wayar da kan jama'a. Na uku, makarantunmu na firamare da sakandare su farfaɗo da wasan kwaikwayo na kotu, a ba yara matsayin alƙali da shaida da mai kariya, a bar su su yanke hukunci da kansu bisa abin da suka ji. Yaron da ya taɓa zama a wannan kujera zai yi tunani kafin ya bi ihu.

Allah Ya kare mana dukiyoyinmu daga ɓarayi, Ya kare hannuwanmu daga jinin bayinSa, Ya ƙara wa garinmu zaman lafiya da arziki. Amin.